Martani Ga Malamin Da Ya Ce Mari Halittar Namiji Ne

Ina ba masu bibiyar labarinmu haƙuri, a wannan makon babu ci gaban labari. Wata magana ce ta tsaya mini a maƙogwaro, idan ban amayar da ita ba alƙalamin ma ba zai yi tafiya ba.

Tun ranar da na saki babin da Hajara ta tattara kayanta ta bar gidan Alhaji Kabiru bayan ya kwaɗa mata mari na uku, wayata ba ta huta ba. Wasu sun ce Allah Ya saka, wasu sun ce ina koya wa mata yaji, wata baiwar Allah ma cewa ta yi ni 'yar kashe aure ce. Duk wannan bai dame ni ba, na saba. Sama da shekara 20 ke nan ina wannan sana'a, tun muna ɗaukar littattafanmu a kwali muna kai wa 'yan kasuwa a Sabon Gari, babu irin zagin da ban sha ba. Saƙon da ya hana ni barci na wani Malam ne da ya ce yana da digiri biyu. Ya rubuto mini doguwar wasiƙa, rabi Hausa rabi Turanci, wai ilimin kimiyya ya riga ya gama magana: namiji an halicce shi da sinadarin testosteron, a cikin kansa akwai wani wuri mai suna amigdala da ke tunzura shi, kuma har an gano ƙwayar gadon da Turawa ke kira ta mayaƙa. Don haka, in ji shi, idan namiji ya ɗaga hannu ba shi ne ya ɗaga ba, halittarsa ce, mace ta gari sai ta yi haƙuri. Ya rufe da cewa in mayar da Hajara ɗakinta, kuma wai wadda ta tsaya a sakandare bai kamata ta tsoma baki a abin da ya fi ƙarfinta ba.

To Malam, gaskiya ka faɗa, a sakandare na tsaya. Amma ba a jami'a na fara sanin ƙwaƙwalwa ba, a gidanmu na san ta, kuma da hawaye.

Ina da ƙane, shi ne autanmu. Kafin 2011 idan ka ce wannan yaro zai zagi ƙuda ba wanda zai yarda. Acaɓa yake yi, kafin a hana ta a Kano a farkon 2013. Wata rana mota ta kwashe shi, ba hular kwano, ya bugu da goshi a gefen kwalbati. Ya yi kwanaki bai san inda yake ba. Da ya tashi muka yi ta hamdala, ga hannu ga ƙafa, ga magana tar, ya san sunan kowa. Amma wanda ya dawo gida wani mutum ne daban. Kofi ya faɗi, faɗa. Yaro ya yi kuka, faɗa. Ranar da ya jefi Inna da kwanon tuwo, uwar da ta haife shi, muka tabbatar akwai abin da ke ƙasa. Dangi suka ce aljanu ne, wasu suka ce sammu, an yi ruƙiyya, an yi hayaƙi, an sha rubutu, kuɗi sun tafi. Sai bayan kusan shekara guda wani likita ya sa aka ɗauki hoton kansa, ya zaunar da mu ya nuna mana inda gaban ƙwaƙwalwar ya ƙuje. Ya ce mana wannan wurin shi ne birkin ɗan Adam.

Daga ranar na shiga neman sani. Abin da na iya karantawa na karanta, wanda Turancinsa ya fi ƙarfina 'yata da ke karatun jinya ta warware mini. Don haka Malam, ba zan yi maka musun cewa fushi da duka suna da gida a cikin ƙwaƙwalwa ba. Suna da shi. Amigdalar nan da kake ta ambato wasu 'yan curi ne guda biyu, kowanne bai wuce girman ƙwayar gyaɗa mai ƙiba ba, suna can ciki daidai saitin kunnuwa. Aikinsu gadi, su ne ke ihu idan sun hango barazana, sai zuciya ta hau bugawa, jiki ya ɗauki zafi. Shi kuma ɓangaren da ke bayan goshi shi ne ke cewa tsaya tukuna, wannan fa matarka ce, wannan fa ɗanka ne, gobe ma rana ce. Kuma shi ne na ƙarshen nuna a ƙwaƙwalwar mutum, ba ya kammala sai an kusa shekara 25. Ka ga dalilin da ya sa a ko'ina a duniya samari ne kan gaba wajen zubar da jini, tun daga 'yan dabar unguwanninmu har na birnin Landan. Alƙaluman Majalisar Ɗinkin Duniya ma sun nuna cewa cikin masu kisan kai 10, kusan 9 maza ne. Duk wannan na ba ka, kyauta.

Har in ƙara maka da abin da ba ka kawo ba. A 1848, a jihar Vermont ta Amurka, wani shugaban leburorin layin dogo mai suna Phineas Gage yana danna albarushi a cikin dutse da sandar ƙarfe, sai abin ya tashi. Sandar, mai tsawon fiye da mita 1 da nauyin kusan kilo 6, ta shiga ta kumatunsa na hagu ta fice ta tsakar kansa. Bai mutu ba. Likitansa, John Harlow, ya rubuta cewa mutumin da aka sani da natsuwa ya koma mai ashar da gaggawa da rashin kunya. Da na karanta wannan sai da na ajiye takardar na yi kuka, domin ƙanena na gani. Haka a 1966 wani Charles Whitman ya kashe mahaifiyarsa da matarsa, ya hau hasumiyar Jami'ar Texas ya yi ta harbin mutane. Ya bar takarda yana roƙon a duba kansa bayan ya mutu, domin shi ma bai gane kansa ba. Da aka duba aka tarar da ƙari a ƙwaƙwalwarsa, kodayake likitocin da suka zauna a kai ba su iya yanke cewa ƙarin ne ya sa shi ba.

To amma Malam, tsakaninka da Allah, Alhaji Kabiru na cikin labarina sandar ƙarfe ce ta ratsa kansa? Mazan da kake kare wa faɗa, ƙari aka gano musu?

Ga bambancin da na gani da idona. Ƙanena a lokacin da ciwon ke kansa ba ya zaɓe. Ya yi wa Inna, ya yi wa limamin unguwa, ya taɓa cakumar ɗan sanda a bakin titi, da ƙyar muka karɓo shi. Wanda birkinsa ya lalace ke nan, duk abin da ke gabansa hawa yake yi. Amma mai marin matarsa fa? A ofis maigidansa zai yi masa wankin babban bargo a gaban yara, yana sunkuyar da kai yana ranka ya daɗe. Soja zai sa shi tsallen kwaɗo a shingen bincike, zai yi yana murmushi. Mai bin sa bashi zai zage shi tas a kasuwa, ya ce a yi haƙuri zuwa Juma'a. Duk yinin nan amigdalarsa barci take yi. Sai ya dawo gida, ya tarar gishiri ya ɗan yi yawa a miya, nan ne halitta za ta motsa. Wannan wace irin halitta ce mai duba kafaɗar mutum ta ga ko akwai anini kafin ta tashi? Mutumin da ya san wanda zai mara da wanda ba zai mara ba, ya san ya rufe ƙofa tukuna, ya san ya daina idan ya ji sallamar yayanta a zaure, birkinsa lafiya lau yake, ya ma fi na tirela kamawa. Kura ce kawai ta san gidan mai babbar sanda.

Kuma wannan ba hasashena ba ne ni 'yar sakandare. Robert Sapolsky, malami a Jami'ar Stanford wanda ya shafe shekaru yana nazarin gwaggon biri a dajin Kenya, ya ba da labarin wani gwaji da aka yi da birai maza. An bar su sun tsara kansu, kowa ya san na sama da shi da na ƙasa da shi. Sai aka ɗauki na tsakiya aka ɗura masa testosteron mai yawa. Faɗansa ya ƙaru ƙwarai, amma a kan wa? A kan na ƙasa da shi. Manyan da ke samansa kuwa ya ci gaba da rusuna musu kamar jiya. Ashe sinadarin ba ya ƙirƙiro faɗa daga babu, wanda aka riga aka koya ne yake ƙara wa wuta. Idan al'umma ta nuna wa yaro tun yana ƙarami cewa mace ce wurin huce haushi, can zai kai zafinsa. Idan ya taso ya ga cewa wanda ya taɓa mace ya zubar da girmansa har abada, da wannan jinin dai a jikinsa zai haɗiye.

Shi dai Sapolskyn ya ga wani abin mamaki. A shekarun 1980 tarin fuka ya kashe mafaɗatan mazan wani garke da yake bibiya, domin su ne masu ƙarfin zuwa juji su ƙwaci gurɓataccen nama. Aka bar mata da maza masu sanyin hali. Garken ya lafa. Bayan shekaru, waɗancan mazan duk sun shuɗe, sababbi sun shigo daga wasu garkunan, amma zaman lafiyar bai gushe ba, baƙin ne suka koyi ɗabi'ar gidan da suka tarar. A 2004 aka buga wannan binciken. Biri ke nan fa, Malam, wanda bai yi allo ba bai yi boko ba.

Sai maganar ƙwayar gadon mayaƙa, wadda na ga kamar ita ce babbar hujjarka. Sunanta MAOA. Asalin labarin daga ƙasar Holan ne, a 1993, inda wani likita Han Brunner ya binciki wani babban dangi da wasu daga cikin mazansu suka yi ƙaurin suna wajen faɗa da cinna wuta da yunƙurin fyaɗe, ga kuma ƙarancin fahimta. Ya gano cewa a jikinsu wannan ƙwaya ba ta aiki ko kaɗan. Wannan cuta ce da ba kasafai ake samunta ba, gidaje ƙalilan ne a duniya. Abin da ya yawaita shi ne nau'in da ke aiki amma da rauni, kuma a cikin Turawa ma kusan namiji 1 cikin 3 yana ɗauke da shi. Da ita ce ke sa duka, ai da gidajen yari ba su ishe su ba.

Binciken da ya kamata ka karanta kafin ka rubuto mini shi ne na garin Dunedin a ƙasar Niyu Zilan. Sun ɗauki yara 1,037 da aka haifa tsakanin 1972 da 1973 suka yi ta binsu har suka girma. A 2002 Avshalom Caspi da Terrie Moffitt suka fitar da abin da suka gani a mazan. Yaron da ke da nau'i mai rauni amma ya tashi cikin kulawa, bai fi sauran yara faɗa ba. Wanda ke da shi kuma aka azabtar da shi yana ƙarami, shi ne ya zama abin tsoro: irin waɗannan kashi 12 cikin 100 ne kacal na mazan, amma su ke da kashi 44 na hukuncin da kotu ta yanke kan laifin duka da makamantansa. Wasu binciken da suka biyo baya sun samu haka, wasu ba su samu ba, har yau masana na gardama. Amma ko a yadda ya fi yi maka daɗi, me ya nuna? Ya nuna cewa ƙwayar fetur ce a jarka, ashanar kuwa duka ne a cikin gida. Wato kai da kake cewa Hajara ta zauna a ci gaba da marinta a gaban 'ya'yanta, kai ne kake neman a ƙyasta ashanar. Hujjar da ka ɗauko kanka ta sara.

Ni abin da ya fi tsorata ni da wannan magana ta jini ne, gado ne, barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, shi ne inda take kai mutane. A 1876 wani likitan Italiya, Cesare Lombroso, ya ce shi daga muƙamuƙi da kunne da siffar ƙoƙon kai yana gane wanda aka haifa ɓarawo ko makashi. Aka yi ta yayinsa, sai a 1913 wani Baturen Ingila, Charles Goring, ya auna fursunoni kusan 3,000 ya kwatanta da mutanen gari, bai ga wannan siffa ba. A 2006 wani mai bincike ya jingina ƙwayar mayaƙan nan ga ƙabilar Maori ta Niyu Zilan, aka yi masa ca, domin ya ɗauki talauci da ƙwacen ƙasa da aka yi wa mutane ya mayar da su laifin jininsu. Mu ma nan ba ga shi muna ji ba? Tun da ta'addancin daji ya addabi Zamfara da Katsina da Sakkwato, sai ka ji mutum da hankalinsa yana cewa ai ƙabila kaza a jininsu abin yake. Kakata ta wajen uwa Bafulatana ce, ko kaza ba ta iya kallo ana yankawa. Ranar da aka yarda cewa mugunta a jini take, an yafe wa mugu ke nan domin ba laifinsa ba ne, an kuma yanke wa jaririn da ke goye hukunci tun bai yi haƙori ba.

Idan da gaske ƙwaƙwalwar ce ta dame ka, Malam, zo in nuna maka inda ake lalata ta a ƙasar nan. A 2010 gubar dalma ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum na jihar Zamfara, saboda ana daka duwatsun zinare a tsakar gida, a turmin da ake daka hatsi. Dubbai sun rayu da gubar a jikinsu, ƙungiyar likitocin agaji ta MSF ta yi shekaru tana yi musu magani. Dalma kuwa ƙwaƙwalwar yaro take ci. A birnin Cincinnati na Amurka an bi wasu yara tun suna ciki har suka zama manya, a 2008 aka bayyana cewa waɗanda suka fi shan dalma suna ƙanana gaban ƙwaƙwalwarsu ya fi ƙanƙancewa, kuma an fi kama su da laifi. Ban ce yaran Zamfara za su zama miyagu ba, Allah Ya kiyaye, cewa na yi an cuce su a daidai wurin da mutum ke riƙe kansa. Kai, ko kwallin dutse da muke ranbaɗa wa jarirai ranar suna, a 2012 an bayyana cewa an gwada irinsa da aka kai Amurka daga Nijeriya bayan an ga dalma a jinin wani jariri a Boston, aka tarar sama da kashi 80 cikin 100 nasa dalma ce. Ni kaina na sa wa 'ya'yana uku kafin in sani.

Ga ranƙwashi da muke yi wa yara a ka kamar muna ƙwanƙwasa ƙofa. Ga yaron da ake turawa wani gari yana shekara 6, ya kwana a rumfar kasuwa, yunwa da tsoro su raine shi, mai gadin da ke cikin kansa ya saba da ihu dare da rana. Ga babura ba hular kwano. Ga ƙwaya da sholisho da wiwi da maganin tari mai kodin, wanda sai a 2018 gwamnati ta hana bayan BBC ta tona asirin cinikinsa. Ga 'yan siyasa da ke saya wa samari waɗannan kayan lokacin zaɓe, a daidai shekarun da birkinsu bai gama nuna ba, sannan bayan an rantsar da su su dawo suna cewa 'ya'yan talakawa ba su da tarbiyya. A duk doguwar wasiƙarka ban ga ka ambaci ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Kimiyyar taka ba ta tashi aiki ba sai da aka zo wanke namiji mai mari. An bar jaki ana dukan taiki.

Mu marubuta ma ba zan ƙyale mu ba, kuma da kaina zan fara. Littattafai nawa muka rubuta inda tauraron miskili ne, kyakkyawa, mai kuɗi, ba ya dariya, idan ransa ya ɓaci idanunsa su kaɗa su yi jawur, jijiyoyin kansa su tashi, ya ɗauke yarinya da mari har ta ga taurari, sannan a shafi na gaba mu ce ai tsananin so ne da kishi? Mu ce jinin sarauta ne ke yawo a jikinsa, ba ya iya jure raini. Ni na rubuta irin wannan a littafina na biyu, ya kuma yi kasuwa fiye da duk sauran. Bayan shekaru wata yarinya ta tare ni a gidan biki, ta ce Anti, saboda tauraron nan naki na zaɓi mijina, shi ma haka yake da zuciya. Tana faɗa tana dariya, ga tabo a gefen girarta. Ban iya cin abincin bikin nan ba. Abin da Malam ya yi da Turanci da sunayen sinadarai, mu mun riga shi yi da Hausa mai daɗi, mun kuma sayar naira ɗari-ɗari.

Kuma abin haushi, addinin da muke taƙama da shi bai taɓa karɓar wannan uzuri ba. An koya mana tun muna Islamiyya cewa mai fushi ya nemi tsari, idan yana tsaye ya zauna, ya je ya yi alwala. Me ake nema da wannan in ba 'yan daƙiƙun da goshi zai karɓi linzami daga hannun mai gadi ba? Da abin ba ya riƙuwa, da ba a umarce mu da riƙe shi ba. Wanda aka ɗauke wa alƙalami an san shi, kuma ba shi ne mai zuwa ofis da mota yana sa hannu a takardun kwangila ba.

Shi kansa Gage ɗin da ake ta misali da shi, ba a cika faɗin ƙarshen labarinsa ba. Ya rayu kusan shekara 12 bayan hatsarin, kuma ya yi shekaru yana tuƙa keken doki na fasinja a ƙasar Chile, aikin da ke buƙatar sammako da lissafi da haƙuri da jama'a. Mutumin da ƙarfe ya huda wa kai ke nan. Ƙanena ma yau alhamdu lillahi. Yana shan magani, yana ganin likita, ya koyi cewa idan ya ji abin na tasowa sai ya tashi ya fita waje ya zaga. Yana gyaran waya a bakin kasuwa, ya yi aure, da 'yarsa guda. Kafin a ɗaura sai da muka zaunar da iyayen yarinyar muka gaya musu komai, muka nuna musu takardun asibiti. Shekara 6 ke nan, ko yatsa bai taɓa nuna mata ba. Wani lokaci takan ce mini tana ganinsa ya fita tsakar gida da dare yana kai da kawowa, hannayensa a baya, har ya huce ya dawo.

Don haka Malam mai digiri biyu, Hajara ba za ta koma ba. Na riga na rubuta babi na gaba, tana gidan yayanta a Gwammaja, ta karɓi keken ɗinkinta, Alhaji Kabiru kuma ya aiko da dattawa karo na biyu an ba su ruwa sun sha sun tafi. Idan kana da hoton kansa da ke nuna inda ya ƙuje, aiko mini, wallahi da kaina zan kai shi asibiti a babi na 17. Sauran masu karatu kuma mu haɗu mako mai zuwa in Allah Ya kai mu.